Shin akwai waliyyai, kuma ƙasar kabarinsu magani ce?

Tambaya: "Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗan kasuwa ne a nan Maradi. A unguwarmu akwai wani tsohon malami da ya rasu bara, yanzu mutane suna cewa waliyyi ne, har mata na zuwa kabarinsa suna ɗibar ƙasa suna jiƙa wa yara marasa lafiya. Mahaifina ɗan Tijjaniyya ne, ya ce in kama bakina kada in taɓa mutanen Allah. Abokaina na kasuwa kuma sun ce babu wani waliyyi, duk tatsuniya ce da shirka. Na rasa inda zan sa kaina. Shin akwai waliyyai da gaske? Yaya ake gane su? Kuma abin da ake yi a kabarin nan daidai ne?"

Wa alaikumus salamu wa rahmatullah. Allah Ya yi maka albarka, ɗana, Ya jiƙan wannan malami, Ya ƙara wa mahaifinka lafiya da nisan kwana. Abin da kake nema shi ne ka san ko walittaka tana da tushe a addini, da wane ma'auni ake auna mutum kafin a kira shi waliyyi, sannan ko ɗibar ƙasar kabari don neman waraka tana cikin girmama bayin Allah. Ka lura tun daga farko cewa mahaifinka da abokanka ba a kan magana ɗaya suke jayayya ba. Shi yana tsare mutuncin mamaci, su kuma suna ƙyamar abin da rayayyu ke yi a kabarinsa. Mutum na iya gaskata waliyyai, ya so su, ya girmama su, ba tare da ya sha ƙasar kabarin kowa ba. Wannan shi ne matsayina, a kansa kuma na taras da malaman da na durƙusa gabansu, alhali mafi yawansu ƴan ɗariƙa ne.

Wane ne waliyyi?

Maganar cewa babu waliyyai ba ta da madafa, domin Allah da kanSa Ya ambace su a suratu Yunus, aya ta 62 da ta 63, inda Ya ce waliyyan Allah babu tsoro a kansu kuma ba za su yi baƙin ciki ba, nan take Ya bayyana su da cewa su ne waɗanda suka yi imani kuma suka kasance masu taƙawa. Sharaɗi biyu ayar ta kawo, ba ta ƙara na uku ba. Ba ta ambaci asali ko gida ko girman rawani ba, ba ta kuma ambaci tashi sama ko tafiya a kan ruwa ba. Shi ya sa Imamu Ɗahawi, wanda ya rasu a 933 Miladiyya, ya rubuta a littafinsa na aƙida cewa muminai dukansu waliyyan Mai Rahama ne, wanda ya fi daraja a cikinsu shi ne wanda ya fi biyayya da bin Alƙur'ani. Ke nan walittaka hawa-hawa ce: kowane mumini yana da rabonsa gwargwadon taƙawarsa, waɗanda muke kira waliyyai a bakinmu na yau da kullum kuwa su ne waɗanda suka yi nisa a kan wannan hanya.

Hanyar ma an zayyana ta a hadisi ƙudusi da Buhari ya ruwaito daga Abu Huraira, wanda almajirai ke samu a matsayin hadisi na 38 a Arba'una ta Nawawi. Allah Ya ce wanda ya yi gaba da waliyyinSa, to Ya shelanta masa yaƙi. Bawa bai kusance Shi da wani abu da Ya fi so kamar abin da Ya farlanta masa ba. Kuma ba zai gushe yana kusantarSa da nafilfili ba har Ya so shi, idan kuma ya roƙe Shi Ya ba shi. Duk lokacin da karatu ya kawo mu wannan hadisi a zaure, nakan tsai da ɗalibai a kan yadda aka jera maganar. Farilla ce a gaba, nafila tana biye, soyayyar Allah ta zo daga baya, amsa addu'a kuma a ƙarshe. Mutanenmu sun fi son su fara daga ƙarshen hadisin. Farkonsa kuwa shi ne hujjar mahaifinka da ya ce ka kama bakinka, kuma a nan gaskiya tana tare da shi, domin wanda ya saki harshensa a kan mutumin da ya ƙarar da rayuwarsa yana karantar da Alƙur'ani ya sa kansa cikin hatsarin da bai san iyakarsa ba.

Abu mafi muhimmanci da ya kamata ka riƙe shi ne cewa yawancin waliyyai ba a san su ba. Muslim ya ruwaito cewa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce sau da yawa akwai mai birkitaccen gashi da ake korewa daga ƙofofi, wanda da zai rantse da Allah a kan abu, Allah zai cika masa rantsuwarsa. A cikin Muslim ne kuma aka kawo labarin Uwaisul Ƙarni, mutumin Yaman mai ɗawainiya da mahaifiyarsa, wanda aka umarci Sayyidina Umar ya nemi ya roƙa masa gafara idan ya gamu da shi. Da suka gamu Umar ya so ya rubuta wa gwamnan Kufa takarda a kansa, Uwaisu ya zaɓi ya zauna cikin talakawa. Wannan daraja ba ta maza kaɗai ba ce. Ga Rabi'atul Adawiyya ta Basra, ga Sayyida Nafisa ta Misra, kuma Nana Asma'u ƴar Shehu ta yi waƙa musamman tana jera sunayen mata salihai, tun daga matan Annabi har zuwa matan zamaninta.

Karama gaskiya ce, amma ba ita ce ma'auni ba

Abokanka sun ce labarin karama tatsuniya ne, amma Alƙur'ani da suke karantawa ya kawo ta. Nana Maryam ba annabiya ba ce a wurin mafi yawan malamai, duk da haka Annabi Zakariyya yakan taras da abinci a wurinta a ɗakin ibada, kamar yadda ya zo a Ali Imrana, aya ta 37. Samarin kogo sun yi barci shekara 309. Wani mai ilimin Littafi ya kawo wa Annabi Sulaimana gadon sarauniyar Saba kafin ƙiftawar ido. A cikin Buhari akwai labarin Hubaibu, wanda aka gani yana cin inabi yana ɗaure a Makka a lokacin da babu ɗan itace a garin. Malaman Sunna sun haɗu a kan tabbatar da karama. Laƙƙani, malamin Malikiyya mai Jauharatut Tauhidi, ya ce a tabbatar wa waliyyai karama, wanda ya kore ta a yi watsi da maganarsa. Ibnu Taimiyya ma, wanda abokanka za su fi saurara, bai musanta ta ba. Littafi guda ya rubuta, Alfurƙanu, don rarrabe waliyyan Allah da waliyyan Shaiɗan.

Inda matsala take shi ne abin mamaki yana fitowa daga hannun mutumin kirki, yana kuma fitowa daga hannun mutumin banza. Idan ya fito daga annabi tare da da'awar annabta, mu'ujiza ce. Idan ya fito daga mumini mai taƙawa, karama ce. Idan ya fito daga fasiƙi, malamai suna kiransa istidraji, wato ɗaurin talala, kuma Dujal zai zo da abin da ya fi na kowa ban mamaki. Mu a Maradi bai kamata wannan ya zame mana baƙon abu ba. Mun tashi muna ganin ƴan bori, muna ganin ƴan tauri suna goga wuƙa a jikinsu, muna jin labarin boka da ya faɗa wa mutum abin da ya ɓoye a ɗakinsa, kuma babu wanda ya taɓa cewa waɗannan waliyyai ne. To me zai sa irin wannan abu ya zama hujja don kawai mai yinsa ya naɗa rawani ya rataya carbi?

Manyan sufaye da kansu su ne suka fi kowa tsanani a nan. Ƙushairi, a Risalarsa da ya rubuta a 1045, ya kawo maganar Abu Yazidal Bisɗami cewa ko kun ga mutum an ba shi karama har yana tashi sama, kada ku ruɗu da shi sai kun ga yadda yake a wajen umarni da hani da kiyaye iyakokin shari'a. Ya kuma kawo cewa Abu Yazidu ya tafi ziyarar wani da ya yi suna da walittaka, sai ya gan shi ya tofa yawu ta wajen alƙibla, sai ya juya ko sallama bai yi masa ba, yana cewa wanda ba a amince masa a kan ladabi guda daga ladubban Annabi ba, yaya za a amince masa a kan abin da yake da'awa? Junaidu na Bagadaza, wanda sufaye ke kira shugaban jama'arsu, ya ce iliminsu a ɗaure yake da Littafi da Sunna. Kai ɗan kasuwa ne, ka san mai sayen gyaɗa ba ya biyan kuɗi don kyan buhu, sai ya soka ya ga ƙwaya. Ƙwayar a nan ita ce istiƙama: salla a kan lokacinta, cin halal, riƙon amana, gaskiya a ciniki, adalci tsakanin iyali, da rashin kwaɗayin abin hannun mutane.

Na taɓa ganin wannan da idona. Wani dattijo ya zo mini cikin damuwa, ya ce wani baƙo ya sauka kusa da gidansa, ana cewa yana da kashafi, wato yana ganin abin da ke ɓoye, ya ce masa akwai asiri da aka binne a ƙofar shagonsa, sai an yanka baƙin rago an kuma kawo jika talatin kafin a tone. Ban yi masa doguwar magana ba. Na tambaye shi a wane masallaci baƙon yake sallar asuba, wa ya karantar da shi, kuma da me yake ci. Dattijon ya yi shiru yana murza carbinsa, sannan ya ce an gaya musu shehin a Makka yake sallolinsa, shi ya sa ba a ganinsa a sahu. Na ce masa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, yana cikin ciwon ajali aka riƙo shi tsakanin mutum biyu ƙafafunsa na jan ƙasa don ya halarci jam'i, saboda haka babu muƙamin da ke ɗauke wa mai hankali salla a idon mutane. Wanda ya yi tallar walittakarsa, ya yanka mata farashi, ya keɓe da matan mutane da sunan addu'a, ko ya ce shari'a ta masu farawa ce, ka nisance shi ko da ya busar da Gulbin Maradi a tsakiyar damina.

Game da sunayen da kake ji a majalisun zikiri, irin su ƙuɗubu da gausu da autadu da abdalu, waɗannan istilahohi ne na sufaye a kan muƙaman waliyyai. Hadisan abdalu suna cikin Musnadin Ahmad, malaman hadisi sun yi saɓani a kan ingancinsu: Suyuɗi ya ƙarfafa su har ya yi musu ɗan littafi, Ibnul Ƙayyim ya raunana su. Ba a kafa imanin kowa a kansu ba. Abin da ba a yi saɓani a kansa ba shi ne waliyyi ba ma'asumi ba ne, mafarkinsa da ilhaminsa ba sa kafa hukunci, kuma kamar yadda Ɗahawi ya ce, annabi guda ya fi dukan waliyyai.

Shin malamin unguwarku waliyyi ne?

Wannan ba hukunci ne da ni ko wani malami zai yanke maka ba, domin taƙawa a zuciya take, ƙarshen mutum kuma Allah ne Ya bar wa kanSa saninsa. Lokacin da Usmanu bin Maz'unu ya rasu, Ummul Ala ta ce ta shaida Allah Ya girmama shi, sai Annabi ya tambaye ta me ya sanar da ita haka, sannan ya ce shi yana yi masa fatan alheri. Sahabi ne fa, cikin masu hijira na farko. Amma a wani hadisin an wuce da gawa mutane suka yabe ta, Annabi ya ce ta tabbata, wato Aljanna, ya ce ku ne shaidun Allah a bayan ƙasa. Idan ka haɗa biyun, za ka ga yabon mutanen kirki bushara ce da ake farin ciki da ita, ba tare da an mai da ita yankan shakka ba. Don haka abin da ya dace ka ce shi ne: muna kyautata masa zato, muna fatan yana cikin waliyyan Allah, ba ma tsarkake kowa a kan Allah.

Ba abin mamaki ba ne wannan magana ta yi zafi a garinmu. Kakanninmu Katsinawa ne da suka yo arewa bayan birnin ya faɗa hannun mutanen jihadi a 1807, kuma sun baro gari da ya shahara da waliyyansa, irin su Ɗan Marina da Ɗan Masani, wanda ya yi wa Ishiriniya sharhi ya rasu a 1667. Daga baya Tijjaniyya ta yaɗu, musamman ta hannun almajiran Shehu Ibrahim Inyas na Kaulaha, wanda ya rasu a 1975, har yau kuma mutanenmu na cika motoci zuwa maulidin Kiyota. Sannan aka kafa Izala a Jos a 1978, ta biyo hanyar fatake daga Kano da Katsina ta iso mana, ta samu karɓuwa musamman tsakanin ƴan kasuwa da matasa. Gida ɗaya sai ka ga uba na wazifa ɗa na sauraron wa'azin da ke sukarta. Abin da ke tsakaninka da mahaifinka yana faruwa a Limanci da Bagalam da Sabon Gari, kuma na ga gidajen da ya raba, abin da nake roƙon Allah Ya tsare naku daga gare shi.

Ziyara da ƙasar kabari

Ziyarar kabari sunna ce. Annabi ya ce ya kasance ya hana ziyarar kaburbura, amma yanzu a ziyarce su, kuma manufarta tuna lahira da yi wa mamaci sallama da addu'a. A nan babu jayayya. Haka nan babu jayayya a ɗaya gefen: wanda ya kira mamaci yana ƙudurce cewa shi da kansa yake ba da haihuwa ko lafiya ko arziki, ko ya yanka masa dabba don neman kusanci gare shi, ya ba wani abin da na Allah ne Shi kaɗai. A tsakanin waɗannan biyu akwai tawassuli, wato mutum ya roƙi Allah yana cewa don albarkar wane. Jama'a masu yawa daga malaman mazhabobi sun halatta shi, suna kafa hujja da hadisin makahon da Annabi ya koya wa addu'ar tawassuli, wanda Tirmizi ya ruwaito. Ibnu Taimiyya da mabiyansa sun hana shi ga wanda ya rasu, suna cewa ai Umar a shekarar fari da Abbas ya yi tawassuli, wanda yake raye, bai koma kabarin Annabi ba. Saɓani ne na ƙarnoni da ba ni zan kawo ƙarshensa ba. Abin da nake gaya wa ɗalibai shi ne mas'ala ce ta fiƙihu, ba a kafirta Musulmi a kanta, kuma wanda ya tsaya ga tawassuli da sunayen Allah, da aikinsa na ƙwarai, da addu'ar salihi mai rai, ya tsaya inda kowa ya yarda.

Ɗibar ƙasa kuwa ban ga inda za a jingina ta ba. Sahabbai sun nemi albarka da gashin Annabi da ruwan alwalarsa, kuma daga nan ne wasu malamai irin su Nawawi suka faɗaɗa neman albarka da salihai. Amma Shaɗibi, malamin Malikiyya na Andalus, ya lura cewa sahabban ba su yi haka da Abubakar ko Umar ba, alhali babu waliyyin da ya kai su. Risalar Ibnu Abi Zaid, littafin fiƙihun Malikiyya da muke karantawa tun muna yara, ta karhanta ko da yin gini a kan kabari da shafe shi. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, wanda aka haifa a Maratta kusa da Galmi a 1754, ɗan Ƙadiriyya ne mai tsananin son Shehu Abdulƙadir Jilani, kuma almajiransa sun rubuta karamominsa, amma shi da kansa ya lissafa shafar kabari da ɗibar ƙasarsa don tabarruki cikin bidi'o'in da ya yi gargaɗi a kansu. Ka ga hanin daga cikin gidan sufaye ya fito, don haka idan ka faɗa wa mahaifinka ba maganar abokan gabarsa ka kawo masa ba.

Akwai kuma cutarwa ta zahiri, kuma ita ce ta fi tayar mini da hankali. Wata baiwar Allah ta taɓa kawo mini jaririnta in yi masa tofi, jikinsa ya yi zafi rau, maɗigarsa ta faɗa, idanunsa sun zurma saboda gudawa. A bakin zanenta akwai ƙullin jar ƙasa da take jiƙa masa tun kwanaki. Na yi masa addu'a, na kuma sa aka ɗauke su a babur zuwa gidan likita a lokacin. Ba rashin imani ya kai ta kabari ba. Son ɗanta ne da ƙarancin abin hannu. Amma ƙasar maƙabarta a cikin hanjin yaron da ke gudawa ƙarin cuta ce, kuma kowane yini da aka ɓata ana jiran ta yi aiki, zazzaɓin cizon sauro ko ƙarewar ruwan jiki na ƙara cin yaron. Annabi ya yi umarni da neman magani. Malamin da ya koyar da wannan hadisi a rayuwarsa ba zai yarda a bar yaro kwance da sunansa ba.

Shawarata gare ka ita ce kada ka ɗauki maganar zuwa teburin mai shayi, inda za ta koma zagin ɗariƙa da zagin Izala. Ka samu mahaifinka cikin ladabi, ka nuna masa kana girmama malamin kamar yadda yake girmama shi, ka roƙe shi ya raka ka ziyara ranar Juma'a ku yi masa sallama da addu'a yadda aka koyar. Daga nan ka nemi shi da kansa, tun da yana da furfura da faɗa a ji, ya yi magana da limamin unguwa da magadan marigayin, domin mata za su saurari ɗan malamin ko matarsa fiye da yadda za su saurare ka, kuma a yi musu maganar da taushi ba tare da kiran kowa mushiriki ba. Abokanka kuma ka karanta musu ayar suratu Yunus da hadisin Buhari, ka bar su da su. Idan kana son albarkar wannan bawan Allah, ka bincika ko makarantar allon da ya bari tana nan, wa ke karantar da yaran, da me suke ci, sannan ko iyalinsa suna da hatsin da zai kai su kaka, ka ware musu wani abu daga ribar shagonka kowane wata.